Laburaren Rabon Ƙwaƙwalwar Kwamfuta da Damuwar Hukumomin Washington

Duk manhajar da ke aiki a kwamfuta ko wayar hannu tana buƙatar wuri a cikin ƙwaƙwalwar na'urar, wato ma'ajiyar wucin gadi da ake kira RAM, inda take ajiye bayanan da take sarrafawa. Ba kasafai take neman wurin kai tsaye daga babbar manhaja irin su Windows ko Linux ba, domin akwai wasu fayiloli a tsakani da ake kira laburaren haɗaka, waɗanda tarin umarni ne da aka rubuta sau ɗaya aka ajiye wuri guda, manhajoji da yawa suna aro daga cikinsu. A Windows sunayensu kan ƙare da .dll, kamar ntdll.dll da ke ɗauke da sashen rabon ƙwaƙwalwa, a Linux kuwa wanda ya fi shahara shi ne libc.so.6, na laburaren glibc.

Idan manhajar da aka rubuta da harshen C tana son wuri, sai ta kira umarnin malloc ta faɗi girman da take so, idan ta gama kuma ta kira free ta mayar. Laburaren yakan karɓo babban fili daga babbar manhaja ya yanyanka shi, kamar mai yanka fuloti wanda ke nuna wa kowa iyakarsa amma ba ya gina katanga. Saboda haka manhaja tana iya yin rubutu ya zarce iyakar da aka ba ta, ko ta ci gaba da amfani da wurin da ta riga ta mayar bayan an ba wa wani aiki, kuma ta waɗannan kafofi biyu ne masu kutse suka fi cusa nasu umarnin. Haɗakar da ke rage cin ƙwaƙwalwa ita ce kuma ke yaɗa ɓarna, kamar yadda aka gani a Janairun 2015, lokacin da kamfanin Qualys ya bayyana wani kuskure a glibc da aka laƙaba wa GHOST, wanda yake cikin laburaren tun shekarar 2000, ya kuma shafi ɗimbin kwamfutocin Linux a lokaci guda.

Hukumomin da suka fi ɗaga murya kan lamarin suna kewayen birnin Washington ne. Cibiyar NIST da ke Gaithersburg a jihar Maryland ita ke riƙe da kundin ƙasa na raunukan manhajoji. A Nuwamban 2022 hukumar leƙen asiri ta NSA, mai hedikwata a Fort Meade, ta fitar da takarda tana shawartar masu rubuta manhaja su koma ga harsunan da ke tsare iyakokin ƙwaƙwalwa da kansu, irin su Rust da Go da Java da Swift, inda ta kafa hujja da ƙididdigar Microsoft cewa kusan kashi 70 cikin 100 na raunukan da kamfanin ya samu daga 2006 zuwa 2018 daga wannan matsala suka fito. Hukumar CISA da ke Arlington ta bi sahu a Disamban 2023, Fadar White House ta fitar da nata rahoton a Fabrairun 2024, sannan a shekarar hukumar binciken soji ta DARPA ta sanar da shirin TRACTOR, mai neman fassara manhajojin C zuwa Rust ta hanyar na'ura.

Shawarar tana da tushe, sai dai ta fi sauƙin bi ga sabon aiki fiye da tsoho. Shi kansa glibc da harshen C aka rubuta mafi yawansa, kuma manhajar Rust da ke aiki a Linux, muddin ba a zaɓa mata wata hanya ba, ga malloc ɗin wannan laburare take komawa idan tana son wuri. Wannan ne ya sa wasu kamfanoni suka zaɓi ƙarfafa mai rabon da kansa, kamar yadda Google ya sanya wani mai suna Scudo a Android 11, wanda ke dakatar da manhaja idan ya gano an lalata bayanan rabon. Tsofaffin wayoyin da suka daina samun sabuntawa, waɗanda suke da yawa a kasuwannin Kano da Maraɗi, da tsohon laburarensu suke ci gaba da aiki.