Ƙarin Ilmi da Ƙarin Albashi: Matsayin Malamin Gwamnati a Unguwar Gai

Gabatarwa

Manufarmu a wannan maƙala ita ce mu duba wata tambaya da malaman firamare na karkara suka daɗe suna yi, watau ko malamin gwamnati yakan sami ƙarin albashi in ya ƙaro ilmi. Za mu ɗauki malamin Unguwar Gai, cikin Ƙaramar Hukumar Kibiya a ƙasar Rano, ya zama misalinmu.

Tsarin Albashi

Tun bayan rahoton Kwamitin Udoji na 1974 aka jera albashin ma'aikatan gwamnati bisa matakai, daga na 1 zuwa na 17, kuma takardar shaida ce ke nuna matakin da mutum zai fara. Da aka ƙaddamar da shirin ilmin firamare kyauta a 1976, malamai sun yi ƙaranci, aka ɗauki masu takardar malanta mai daraja ta biyu, har da waɗanda ba su da ita. Domin horar da su ne aka kafa Cibiyar Malamai ta Ƙasa a Kaduna. Daga baya manufar ilmi ta ƙasa ta tsai da takardar NCE a matsayin mafi ƙanƙantar shaidar shiga aikin koyarwa.

Bisa ga tsarin aiki, mai NCE yakan fara daga mataki na 7, mai digiri kuwa daga na 8. Amma babban bambancin yana ƙarshen aiki ne, domin mai NCE yakan tsaya a mataki na 14, alhali mai digiri yana da damar wucewa. Da yake ana lissafin fansho bisa abin da ma'aikaci ke karɓa, ribar digiri takan bi malami har tsufansa.

Sharuɗɗa

Sai dai takarda ita kaɗai ba ta ƙara ko kwabo. Da fari, lalle ne malami ya nemi izinin tafiya karatu a rubuce, ta hannun sakataren ilmi na ƙaramar hukuma. Na biyu, dole karatun ya shafi koyarwa. Wanda ya yi digiri a wani fanni sai ya haɗa da difloma ta ilmi. Na uku, in ya kammala, ko a Jami'ar Bayero ko a wata kwaleji, sai ya miƙa takardunsa ga Hukumar Ilmin Bai Ɗaya ta Jiha, a tantance, sa'an nan a sauya masa layin aiki. Malamin da ya riga ya haura mataki na 8 ba lalle ya ga canji nan take ba. Rufin da ke kansa ne aka ɗaga.

Har ila yau akwai batun kuɗi. Daga kason ƙananan hukumomi ake biyan malaman firamare, saboda haka takardar ƙarin girma takan riga kuɗinta isowa, wani lokaci da tazara mai tsawo.

Kammalawa

Amsarmu ita ce i, ƙarin ilmi yana kawo ƙarin albashi, amma ta hanyar ofis, kuma sannu a hankali. Abin tsoro shi ne, malamin da ya sayar da hatsinsa ya biya kuɗin karatu, ya dawo bai ga canji ba, zai nemi sauyi zuwa sakandare ko birnin Kano, yaran Unguwar Gai su rasa gwaninsu. Don haka muna ba da shawara a ƙayyade wa'adin tantance takardu, a kuma biya ƙarin tun daga ranar da aka amince da shi.