Kakin Farafin: Abin da ke Cikin Kyandir

Tun 1968 madatsar Kainji ke samar da lantarki, amma da zarar an ɗauke wuta a Yelwa ko Ngaski, sai a koma ga kyandir. Shin mai karatu ya taɓa tambayar kansa da me ake yin sa?

Yawancin kyandir na kasuwa da kakin farafin ake yin sa. Ya bambanta da kakin zuma, domin daga ɗanyen man fetur ake tace shi. Wani Bajamushe, Karl von Reichenbach, shi ya fara gano shi a 1830. Sunan kuwa daga Latin ya fito, ma'anarsa abin da ba ya son cuɗanya, saboda da wuya ya haɗu da wasu sinadarai. A Nijeriya, matatar mai ta Kaduna da aka buɗe a 1980 an gina ta da sashen fitar da wannan kaki.

Kabon da haidurojin kaɗai ke cikinsa. Ƙwayoyin zarra na kabon, kimanin 20 zuwa 40, kan jeru kamar sarƙa. Tsawon sarƙar ne ya sa yake daskare, alhali kananzir mai gajeriyar sarƙa ruwa-ruwa ne. Yakan narke a zafin digiri 46 zuwa 68 na ma'aunin Salshiyos.

Idan aka kunna kyandir, zafi kan narkar da kakin, lagwani ya zuƙo shi sama, ya zama tururi. Wannan tururin ne ke ci da wuta.

Kakin ba ya narkewa a ruwa, ruwa kuma ba ya ratsa shi. Saboda haka masuncin da ya tsoma kawunan ashana cikin narkakken kaki zai same ta a bushe ko da igiyar ruwa ta watsu cikin jirgi. Ana kuma shafa shi a takardar naɗe abinci. A asibiti, cikinsa ake daskarar da tsokar da za a yanka siriri a duba da madubin likita.

Sai dai a yi hattara. Idan narkakken kaki ya kama wuta, kada a zuba masa ruwa, domin ruwan kan zama tururi nan take ya fantsama wutar ko'ina. A rufe tukunyar da murfi ko a zuba yashi. Kada kuma a kwanta a bar kyandir yana ci kusa da zana ko gidan sauro, musamman lokacin hunturu.