Wuni Ɗaya a Angkor: Daga Kufan Daular Khmer Zuwa Kasuwannin Siem Reap

Tun ƙarfe huɗu da rabi na asuba titunan Siem Reap, a arewa maso yammacin ƙasar Kambodiya, suke farkawa. A ƙofar otal-otal za a tarar da babura masu jan keken fasinja, waɗanda mutanen gari ke kira remork, sun yi layi, ɗan jagora kuma yana tsaye da tocila yana ƙirga baƙinsa. Tafiyar ba ta da nisa, kimanin kilomita 6 ce zuwa Angkor Wat, amma kowa na sauri domin ya sami wurin tsayawa a bakin kududdufin da ke gaban ginin kafin rana ta ɓullo ta bayan hasumiyoyinsa biyar.

Baƙo ba ya shiga sai da tikiti. Tun daga shekarar 2017 kuɗin wuni ɗaya dala 37 ne, na kwana uku dala 62, na kwana bakwai kuma dala 72. 'Yan ƙasa suna shiga kyauta. Akwai kuma ƙa'idar sutura da ɗan jagora ke tunatarwa tun daren jiya: a rufe kafaɗa da gwiwa, domin har yau mabiya addinin Buddha suna ibada a wurin.

Ginin da ya hau tutar ƙasa

Sarki Suryavarman na Biyu, wanda ya hau gadon mulki a 1113, shi ne ya gina Angkor Wat domin Vishnu, ɗaya daga cikin abubuwan bautar Hindu, daga baya wurin ya koma hannun mabiya Buddha. Yawancin wuraren bautar Khmer gabas suke fuskanta, shi kuwa wannan yamma ya sa gaba, shi ya sa mai shigowa ta babbar ƙofa yake ganin fitowar rana a bayan ginin. Ramin ruwan da ya kewaye shi yana da faɗin mita 190, hasumiyar tsakiya kuma ta kai tsayin mita 65 daga ƙasa. An yi tushe da katangu da marmara, aka lulluɓe da dutsen yashi da aka sassaƙo daga tsaunin Kulen mai nisan kimanin kilomita 40. Hoton wannan gini ne ke tsakiyar tutar Kambodiya.

Gwanin ɗan jagora ba ya barin baƙinsa su tsaya ga ɗaukar hoto kawai. Yakan ja su zuwa dogayen barandun da aka sassaƙa labarai a bangonsu: jerin gwanon sojojin sarki, hukuncin da ake yi wa masu laifi bayan mutuwa a aƙidar Hindu, da wani sassaƙe mai tsawon kusan mita 50 inda ɓangarori biyu ke jan wani ƙaton maciji kamar igiya suna burga teku. Yakan kuma gyara wani kuskure da ya yaɗu, wai Bafaranshe Henri Mouhot ne ya gano Angkor a 1860. Mutanen ƙasar ba su taɓa mantawa da wurin ba, masu ibada ba su fasa zama a cikinsa ba, kuma wani malamin Kirista ɗan Fotugal ya riga Mouhot zuwa tun 1586. Abin da Mouhot ya yi shi ne rubutun da ya sa Turai ta waiwayo.

Birnin fuskoki

Da hantsi ayarin yakan nufi arewa zuwa Angkor Thom, birni mai ganuwa da Sarki Jayavarman na Bakwai ya gina. A 1177 mayaƙan Cham, daga yankin da yake tsakiyar Biyetnam a yau, suka ci babban birnin Khmer da yaƙi. Jayavarman ya kore su, ya hau mulki a 1181, sannan ya kewaye sabon birninsa da katanga mai tsayin mita 8, kowace kusurwa kilomita 3, da ƙofofi biyar. A gadar Ƙofar Kudu gumaka 54 ne a kowane gefe, da yawa babu kai, wasu kuma da sabon kai da aka ɗora musu. Ɓarayin kayan tarihi ne suka sare wasunsu, wasu kuma hukuma ta ɗauke ta adana don gudun sata.

A tsakiyar birnin Bayon yake, mai fuskokin dutse fiye da 200 da ke duban kusurwoyi huɗu. Amma abin da ya fi ɗaukar hankalin mai lura yana ƙasa, a bangon waje. A nan masassaƙa suka ajiye rayuwar talaka: mata na sayar da kifi, maza sun yi da'ira suna kallon faɗan zakaru, ana gasa nama a tsinke, wata mace na naƙuda, amalanken shanu na tafe da kaya. Wani jakadan ƙasar Sin mai suna Zhou Daguan, wanda ya zauna a birnin daga 1296 zuwa 1297, ya rubuta cewa mata ne ke riƙe da ciniki, kasuwa na ci daga safe zuwa tsakar rana, kuma babu rumfuna sai tabarmi da ake shimfiɗawa a ƙasa. Ɗan jagora yakan ce a riƙe wannan a zuciya har zuwa yamma.

Daular da ruwa ya ɗaga

Da rana ta take, zafi yakan kori kowa zuwa inuwa, a nan ne hira ke komawa kan tambayar da kusan kowane baƙo ke yi: me ya kashe birnin? Daular ta faro ne a shekarar 802, lokacin da Jayavarman na Biyu ya ayyana kansa mai cikakken iko a tsaunin Kulen. Ƙarfinta shinkafa ce, ƙarfin shinkafa kuwa ruwa. Sarakunan sun haƙa manyan tafkuna da magudanai. Tafkin Yamma kaɗai yana da tsawon kilomita 8 da faɗin fiye da kilomita 2, kuma har yau akwai ruwa a cikinsa. Binciken da aka yi daga sama ya nuna cewa birnin da ƙauyukansa sun mamaye kimanin murabba'in kilomita 1,000, masana kuma suna ƙiyasta cewa mutum 700,000 zuwa 900,000 ne suka zauna a ciki a ƙarni na 13.

A ƙarni na 14 da na 15 aka yi dogon fari, ana katse shi da mamakon ruwa mai ɓarna, magudanai suka karye, wasu suka cike da yashi. Yaƙi da daular Ayutthaya ta ƙasar Tailan ta yau ya tsananta, har aka kai wa birnin farmaki a 1431. Cinikin teku kuma ya ja masu mulki kudu, wajen Phnom Penh. Sannu a hankali daji ya karɓi abin da mutane suka bari.

Ta Prohm ne shaidar wannan. Jayavarman na Bakwai ya kafa shi a 1186 don girmama mahaifiyarsa, kuma rubutun da ke jikin dutse ya ce mutum 12,640 ne ke hidima a wurin. Yau saiwoyin manyan itatuwa masu kama da rimi sun zubo a kan katangu sun rungume duwatsu. Fim ɗin Tomb Raider na 2001 ya sa wurin ya shahara, har ana bin layi don ɗaukar hoto a gindin itace guda. Ma'aikatan gyara na Indiya da na Kambodiya suna fama da matsala mai kaifi biyu: in aka sare itacen, katangar da ya riƙe na iya zubewa, in kuma aka bar shi, saiwarsa na ci gaba da tsaga dutse.

Kasuwa ta yamma

Masu tafiya mai ɗan nisa sukan ratsa ta ƙauyen Preah Dak, inda mata ke dafa ruwan giginyar Asiya a manyan kasake har ya daskare ya zama kamar mazarƙwaila, su naɗe shi a ganye su jera a bakin hanya. Daga nan sai cikin gari.

Kasuwanni biyu ne 'yan jagora suka fi kai baƙi. Psar Chaa, wato Tsohuwar Kasuwa, tana bakin kogi a tsakiyar gari. Rumfunan waje na baƙi ne: gyale mai zanen dara da ake kira krama, siliki, kayan azurfa, sassaƙen katako, da masoron Kampot da ya yi suna a duniya. Can ciki kuwa kasuwar gida ce, mata zaune a kan dandamali tsakanin ganyaye da kifi, kusan yadda aka sassaƙa su a bangon Bayon shekaru 800 da suka wuce. Psar Leu, a kan babbar hanya ta 6, ita ce mafi girma, kuma can mutanen gari ke cefane. A nan hanci ke fara sanin prahok, kifin da aka tsima da gishiri, wanda yake yi wa miyar Khmer aikin da daddawa ke yi. Kifin yana fitowa ne daga tafkin Tonle Sap, wanda kogin da ke fita daga cikinsa yake juyawa da baya a lokacin damina ya cika shi.

Kuɗi iri biyu ke yawo a hannu. Ana yanka farashi da dalar Amurka, a ba da canji da riel, kimanin 4,000 a dala ɗaya. Tarihi ne ya jawo haka: gwamnatin Khmer Rouge ta soke kuɗi da kasuwa gaba ɗaya daga 1975 zuwa 1979, sai a 1980 aka dawo da riel. Tayi da ragi al'ada ce a rumfunan baƙi, amma da murmushi ake yi, ɗaga murya abin kunya ne. Musulmi ba ya rasa abinci, domin akwai al'ummar Cham Musulmi a garin, da masallacinsu da gidajen abincin halal.

Gargaɗi ɗaya da ɗan jagora mai amana ke yi shi ne kada a sayi duk wani gunki ko ɓallin dutse da aka ce tsoho ne. Fitar da kayan tarihi laifi ne a dokar ƙasar. An wawushe wuraren bautar Khmer a shekarun yaƙin basasa, kuma a 2019 kotun Amurka ta tuhumi dillalin kayan tarihi Douglas Latchford da safarar su, ya mutu a 2020 kafin a yi shari'a. A Disamban 2023 gidan tarihi na Metropolitan da ke New York ya sanar da mayar wa Kambodiya sassaƙe 14, shekara guda bayan Jamus ta miƙa wa Najeriya kashin farko na tagullan Benin a Abuja.

Wa ke cin moriya, wa ke biya

Hukumar UNESCO ta sa Angkor cikin wuraren tarihi na duniya a 1992, ta kuma cire shi daga jerin masu fuskantar haɗari a 2004. Hukumar APSARA da aka kafa a 1995 ce ke kula da yankin mai faɗin kimanin murabba'in kilomita 400. Baƙi 'yan ƙasashen waje sun haura miliyan 2.5 a 2018, annobar korona ta kusan tsayar da komai, kuma a 2024 adadin bai wuce kimanin miliyan ɗaya ba. Direban remork, mai rumfa da ɗan jagora su ne suka fi jin wannan giɓi a aljihu.

Yawan baƙi ma da nasa nauyin. Gine-ginen suna zaune ne a kan yashi mai danshi, masana kuma sun daɗe suna gargaɗi cewa yawan zuƙar ruwan ƙarƙashin ƙasa da otal-otal ke yi na iya raunana tushensu. Matakalan dutse sun sulɓe da sawu har an ɗora na katako a kansu, an ƙayyade masu hawa tsaunin Bakheng kallon faɗuwar rana zuwa mutum 300 a lokaci guda, an kuma daina hawan giwa.

Batun da ya fi zafi shi ne na mazauna. Daga 2022 gwamnati ta fara kwashe kimanin iyalai 10,000 daga cikin yankin zuwa sababbin matsugunai, mafi girmansu Run Ta Ek. Gwamnati ta ce da yardarsu suka tashi, kuma don kare wurin aka yi. Ƙungiyar Amnesty International, a rahotonta na Nuwamban 2023, ta ce korar dole ce. Da yawa daga cikinsu abincinsu yana bakin kufan ne, inda suke sayar da kwakwa, ruwan sanyi da tsaraba, yanzu kuwa tafiya mai nisa ta shiga tsakaninsu da masu saye.

Wajen ƙarfe shida na yamma remork ke sauke baƙi a ƙofar otal, da ƙura a takalmi da ƙullin masoro a jaka. Ɗan jagora yakan karɓi sallamarsa da hannu biyu, ya duba wayarsa ya ga ko akwai wanda ya nemi fita gobe, domin in akwai, ƙarfe huɗu da rabi zai sake tsayawa a nan da tocilarsa.