Ruwan Sama Ba Motar Shara Ba Ne

Akwai wata ɗabi'a da ta ishe ni a Duwala. Hadari na haɗowa sai a tura yara da bokitin shara, daga lungunan New Bell har bayan Kasuwar Dakar, su jira ruwa ya kankama su juye a magudana. Ka yi magana, a ce maka, "Malam, ai teku za ta tafi."

Ina ta ga teku? Ruwan da ya sauka a unguwannin nan, rafuka irin su Mboppi da Ngoua ne ke tattara shi su kai Kogin Wouri, garin kuwa a kwance yake, kusan daidai da teku. Sau biyu a rana ruwan teku ke hawa ya tura Wouri baya. Idan mamakon Agusta ya dace da wannan hawan, ruwan magudana ba shi da wurin zuwa. Ledar da ka zubar ba ta wuce kwalbatin farko. Can take sarƙewa da gorunan roba da ɓawon ayaba, ta toshe hanya, ruwa ya juyo ɗakin maƙwabcinka na gangare, ya kwana a tsaye da katifa a ka. Daga nan ruwan ya ratsa masai ya faɗa rijiya. Wanda ya ga kwalarar 2004 a garin nan ba sai an yi masa bayani ba. To, da wane bakin za mu ce ƙaddara ce?

Gini a kan hanyar ruwa da jinkirin motocin kwashe shara na HYSACAM su ma suna da nasu laifin.

Amma ba sai mun jira hukuma ba. Ƙungiyar Madiba & Nature gorunan da muke watsarwa take tsincewa ta ɗaura kwale-kwale da su. Mu ma kowane layi ya yi gayya, a yashe kwata kafin Yuni, kuma a kwashe dagwalon nan take, don idan aka jibge shi a baki ruwan farko zai mayar da shi. Mahauta su daina wanke kayan ciki a magudana. Uwargida ta riƙe jakar cefane, tunda tun 2014 aka hana siririyar leda a Kamaru. Mai rijiya ya ɗaga bakinta da siminti, ya yi mata murfi. Limamanmu, don Allah ku sa maganar nan a huɗuba kafin damina ta faɗi.