Katin intanet na kwamfuta: a yi hattara wajen sabunta manhajarsa

Cikin katin da ke haɗa kwamfuta da intanet akwai ƙaramar manhaja da kamfani ya dasa. Idan ta lalace, katin ya daina aiki ko da waya lafiya lau take. Haka ya faru a shekarar 2008, lokacin da wani samfurin gwaji na Linux 2.6.27 ya lalata ma'ajiyar wasu katunan Intel, har kwamfutoci suka daina ganinsu.

Shi ya sa masu gyara ke fara duba waya da direban katin kafin su taɓa manhajar. In sabuntawa ta zama dole, a ɗauko ta daga shafin kamfanin, a tabbatar ta dace da lambar katin. Babban haɗari shi ne ɗaukewar wuta ana tsaka da aiki, don haka a jona batirin ajiya tukuna.