Tona ko Mas: Wanne Ya Kamata Ya Fara Hawa Fuska?

Duk wadda ta shiga shagon kayan kwalliya a 'yan shekarun nan, a Kano ne ko Kaduna ko Maraɗi, za ta tarar da kaya a jere waɗanda kakanninta ba su taɓa jin sunansu ba. Ga kwalabe masu ruwa garai-garai da ake kira tona, ga robobi da 'yan fakitoci na mas, wato haɗin da ake shafa wa fuska ko a lulluɓe ta da shi na ɗan lokaci. Mai saye takan ɗauki duka biyun ta biya, sai ta isa gida sannan tambaya ta taso: da wanne za a fara? Mai shago ya ce da tona. Ƙawarta ta ce a'a, da mas. Masu bidiyo a TikTok kuwa kowa da tasa.

Sau da yawa dukkansu suna da gaskiya, domin ba mas iri ɗaya suke magana a kai ba. Amsar ta rataya ne a kan abu guda: mas ɗin nan wanke shi za a yi, ko kuwa a jikin fata zai zauna? Idan na wankewa ne, shi ke rigan tona. Idan na zama ne, tona ke rigansa. Dalilin hakan yana cikin yadda saman fata yake.

Can saman fatar mutum akwai wani shimfiɗi siriri, kaurinsa bai kai na silin gashi ba. Matattun ƙwayoyin halitta ne jere bisa juna, wajen hawa 15 zuwa 20, wani kitse na liƙe su. Wannan shimfiɗi shi ke hana ruwan jiki tsiyayewa, shi ke tare ƙwayoyin cuta da ƙura. Kuma yana da ɗan tsami. Masana na auna tsami da ma'aunin pH, daga 0 zuwa 14: tsabtataccen ruwa yana kan 7, abin da ya yi ƙasa da haka ya karkata ga tsamin lemo, abin da ya haura kuma ya karkata ga kaifin toka da kanwa. Lafiyayyar fatar fuska tana tsakanin 4.5 da 5.5. Wasu likitoci biyu a Jamus, Heinrich Schade da Alfred Marchionini, su suka yi bayanin wannan ɗan tsami a 1928, suka nuna cewa kariya ce ga jiki.

Sabulu na gargajiya kuwa yana wajen 9 zuwa 10 a wannan ma'auni. Sabulun salo ma, da yake da ruwan toka ake haɗa shi, a wancan ɓangaren yake. Shi ya sa idan an wanke fuska da shi sai a ji ta ɗaure, kuma takan ɗauki sa'o'i kafin ta koma daidai. Idan ruwan mai zartsi ne, wanda sabulu ba ya kumfa da shi sosai, har wata 'yar dauɗar sabulu takan rage a fata. Asalin aikin tona ke nan: ta kwashe wannan saura, ta mayar da fata kan tsaminta. Tonar da ta daɗe a kasuwa sifirit ne ya fi yawa a cikinta, mai sanyi da ɗan zafi-zafi, har mutane suka ɗauka wannan zafin shi ne alamar tana aiki.

Yau abin ya sauya. Akwai mayukan wanke fuska da aka daidaita tsaminsu da na fata, saboda haka tona ta koma wasu ayyukan. Wata ta shayar da fata ce, mai gilisarin ko ruwan wardi ko sinadarin hayaluronik, waɗanda ke riƙe danshi. Wata kuma ta saɓar da fata ce, mai asid: gilaikolik, wanda ake samu a jikin rake, ko laktik irin na cikin nono mai tsami, ko salisilik, wanda ke narkewa cikin maiƙo ya shiga ramukan fata, shi ya sa masu ƙurajen fuska ke nemansa. Tsohuwar mai sifirit ma tana nan ba ta ɓace ba. Kwalabensu kan yi kama, amma aikinsu ya sha bamban, kuma wanda bai karanta bayan kwalba ba bai san wacce ya saya ba.

Mas na yumɓu shi ya fi daɗewa a hannun mutane. Matan Maroko sun shafe ƙarnoni suna amfani da yumɓun gasul da ake haƙowa a yankin duwatsun Atlas, a Indiya da Pakistan akwai wanda suke kira multani mitti, kamfanoni kuma sun fi amfani da kawolin, farar ƙasa mai sauƙi ga fata, da bentonait, wanda asalinsa tokar aman wuta ce kuma ya fi ƙarfin tsotso. Duk aikinsu ɗaya ne: su taɓa fata kai tsaye, su tsotse maiƙo da datti, sannan a wanke su. Wanda ya shafa tona mai danshi ya ɗora yumɓu a kai, ya yi kamar wanda ya shafa mai sannan ya shiga wanka. Yumɓun zai shanye ta, ruwa ya tafi da sauran, kuɗinta ya tafi a banza. Tsarin da ya dace shi ne a wanke fuska, a tsane ta da tawul mai tsabta, a shafa mas, a wanke shi da ruwa mai ɗumi-ɗumi, sannan tona ta biyo baya, sai man shafawa.

A nan ne tona ke da amfani na zahiri. Bayan an wanke yumɓu, idan aka goga auduga mai tona a gefen hanci da bakin gashi da ƙarƙashin haɓa, za a ga ta fito da ɗan fari ko toka-toka. Ragowar yumɓun ne da ruwa bai kai gare shi ba. Sai dai tonar ta zama mai shayar da fata, domin fuskar da yumɓu ya gama tsotsa danshi take nema.

Lokacin wankewa ma yana da muhimmanci, kuma ido ya fi agogo nuna shi. Da aka shafa yumɓu, launinsa a duhu yake, yana sheƙi. Bayan ɗan lokaci sai gefe-gefensa ya fara haske, tsakiyar kumatu kuwa in an taɓa da yatsa yana ɗan danƙo. Wannan ne lokacin wankewa. Idan aka bar shi har ya yi fari fat, ya daddare, mutum ya yi murmushi ya ga yana tsagewa yana zubowa gari-gari, to ya wuce maiƙo ya koma shan ruwan fata. Galibin fakitoci kan rubuta minti 10 zuwa 15, amma a hunturu, lokacin da iska ke busar da wanki kafin a gama shanya, yumɓu kan bushe tun kafin nan. Sau ɗaya ko biyu a mako ya isa, mai busasshiyar fata kuwa za ta iya taƙaita shi ga goshi da hanci da haɓa.

Baƙin mas ɗin gawayi da ake ɓarewa idan ya bushe, shi ma kafin tona yake zuwa, a kan busasshiyar fata. Yana fizge ƙananan gashin fuska da wani ɓangare na saman fata, don haka mai fata mai saurin fushi gara ta haƙura da shi.

Mas na ƙyalle labarinsa daban. Wani ɗan mayafi ne da aka yanka daidai fuska, da ramin ido da hanci da baki, an jiƙa shi sharkaf da ruwan sinadarai masu riƙe danshi. Kamfanonin Koriya ta Kudu ne suka yaɗa shi a duniya a shekarun 2010, lokacin da fina-finai da waƙoƙin ƙasar ke samun karɓuwa. Shi ba ya cire komai daga fata. Ƙyallen yana rufe fuska ne ya hana ruwan da ke jikinsa ƙafewa, har fata ta samu lokacin sha. Don haka tona ke rigansa: a wanke fuska, a shafa tona da auduga ko tafin hannu, a ɗora ƙyallen tun fuskar na da ɗan laima. Idan aka juya tsarin, aka goga tona bayan an cire ƙyallen, to an share abin da aka zauna minti ashirin ana jira ya shiga.

Minti 15 zuwa 20 ne lokacinsa. Wasu kan bar shi har ya bushe, wai kada a yi asara, wasu ma har barci ya ɗauke su da shi. Busasshen ƙyalle ba abin da zai ƙara wa fata, sai dai ya fara jan danshinta. Da an cire shi, ba a wanke fuska. A daddanna sauran ruwan da yatsu, na cikin fakitin a shafa a wuya da bayan hannu, sannan a rufe da man shafawa. Wannan mataki na ƙarshe ba na tsallakewa ba ne, musamman daga Disamba zuwa Fabrairu, domin gilisarin da hayaluronik suna jawo ruwa ne kawai, kuma idan ba a rufe su da mai ba, busasshiyar iska za ta ɗauke shi. Mai busasshiyar fata ɗan man kaɗanya zai wadatar da ita, mai yawan maiƙo da ƙuraje kuwa ta nemi mai marar nauyi. Ƙyallen sau ɗaya ake amfani da shi a jefar.

Akwai kuma mas na kwana, mai kama da kirim. Shi ne na ƙarshe da daddare, bayan tona da komai, sai da safe a wanke.

Kuskuren tsari mafi yawa asarar kuɗi kawai yake jawowa. Amma akwai wanda ke barin tabo, kuma shi ya fi cancantar a tsaya a kai. Rufe fata da ƙyalle yana ƙara wa duk abin da ke ƙarƙashinsa ƙarfin shiga, saboda haka tona mai asid a ƙarƙashin mas na ƙyalle kan iya ƙona fuskar da a kullum take jure ta lafiya lau. Haka nan tona mai asid ko sifirit bayan yumɓu, ko bayan mas ɗin da shi kansa na saɓar da fata ne. Farar fata idan ta fusata ja take yi ta washe. Baƙar fata kuwa ƙwayoyinta masu samar da launi, wato melanin, sukan mayar da martani da ƙarin launi, sai wurin ya yi duhu, kuma irin wannan tabo kan ɗauki watanni bai gushe ba. Abin takaici ne a ga yarinya ta sayi kayan nan don ta rabu da tabon ƙuraje biyu-uku, ta wayi gari da kumatu sun yi baƙi gaba ɗaya. Mai amfani da maganin ƙuraje irin su tiretinoyin ta fi kowa buƙatar kula, domin fatarta a saɓe take tun asali.

Wannan ya shafi haɗin gida ma. Zuma da kindirmo da ɗan kurkum haɗi ne na wankewa, don haka matsayinsa ɗaya da yumɓu: kafin tona. Matsalar ita ce lemon tsami da ake yawan matsawa a ciki. Tsaminsa yana wajen 2 a ma'auni, kuma yana ɗauke da wasu sinadarai da idan rana ta same su a jikin fata sukan haddasa ƙuna da duhun tabo. Kanwa da bakin soda kuma suna can ɗaya ɓangaren, suna rushe ɗan tsamin da fata ke kare kanta da shi. Amaren da ake yi wa gyaran jiki da dilka da halawa su ma lissafin ya hau kansu: dilka gurza fata take yi, halawa kuma tana cire gashi tare da matattun ƙwayoyin sama. Fuskar da ta sha waɗannan ba ta buƙatar asid a wannan rana ko washegari, kuma makon biki ba lokacin gwada sabon kaya ba ne.

Wani haɗarin kuma a cikin kwalbar yake. Ana sayar da wasu ruwaye da sunan tona, musamman haɗin da ba shi da lambar rajista ko jerin sinadarai, alhali kayan bilicin ne: haidurokwinon, ko magungunan sitiroyid da likita kaɗai ya kamata ya rubuta, wani lokaci har da makuri, wanda ke lalata ƙoda. A 2023 hukumar NAFDAC ta bayyana shafe-shafen bilicin a matsayin matsalar lafiya ta gaggawa a Najeriya. Tona ta gaskiya ba ta sauya launin mutum. Duk wadda aka yi alkawarin za ta haskaka fuska cikin mako guda, ba tsarin shafa ta ba ne abin tambaya, abin da ke cikinta ne, kuma ɗora mata mas na ƙyalle zai ƙara tura shi cikin jiki.

Likitocin fata da dama ba sa ɗaukar tona ko mas a matsayin dole. Abin da suka fi nanatawa shi ne wanke fuska da abu mai sauƙi, man shafawa, da man kariyar rana mai lamba 30 ko sama da haka. Wannan na ƙarshen ya zama wajibi ga mai amfani da tona mai asid, domin gilaikolik da laktik suna sa fata saurin jin rana, kuma duhun fata bai isa ya hana tabo ƙara duhu ba. Shi ya sa ya fi kyau a bar irin wannan tona sai dare, a daren da ba a yi mas ba.

Kafin sabon kaya ya hau fuska, ƙungiyar likitocin fata ta Amurka tana ba da shawarar a gwada shi a ɗan wuri a cikin hannu ko lanƙwasar gwiwar hannu, sau biyu a rana, na kwana 7 zuwa 10. In mas ne na wankewa, a bar shi iya mintocin da aka rubuta sannan a wanke. Idan wurin ya yi ƙaiƙayi ko kumburi ko ƙananan ƙuraje, a ajiye kayan. Idan kuma fuska ta riga ta ƙone, tana raɗaɗi ko saɓa, a dakatar da tona da mas gaba ɗaya, a tsaya ga ruwa mai ɗumi da man shafawa marar turare, in kwana biyu-uku suka wuce ba sauƙi a je asibiti a ga likitan fata, tare da kwalaben da aka yi amfani da su a hannu.