Hilary Andersson da yunwar 2005

Dattawan Zango, nan cikin Zinder, ba sa bukatar a tuna musu da shekarar 2005. Damina ta ɗauke da wuri a 2004, fara kuma ta bi ta kan abin da ya tsira. Kafin a kai ga shuka ta gaba, buhun gero ya haura jika 20, rumbuna sun zama wayam daga Tanut har Mirriya. A ƙauyuka mata sun koma jiƙa anza kwana da kwanaki don a cire ɗacinta a samu na sawa a baki.

Majalisar Ɗinkin Duniya ta yi kiran taimako a watan Mayu, tana neman dala miliyan 16 kacal. Masu hannu da shuni suka yi kunnen uwar shegu.

Sai a watan Yuli Hilary Andersson ta BBC ta iso Maraɗi da masu ɗaukar hoto. Ba baƙuwar wahala ba ce. Ta yi wakilci a Legas daga 1996 zuwa 1999, akasari zamanin Abacha, lokacin da ɗan jarida ke kwana da ido ɗaya. Daga nan ta tafi Birnin Ƙudus, sannan Johannesburg, inda ta riƙa zagaya Afirka, har ta shiga Darfur a 2004. Irin wannan aiki ne ya jawo mata lambobin yabo.

Abin da ta nuna a sansanin likitocin MSF kowa a nan ya riga ya gani da idonsa: yaro mai tamowa, an zagaya masa ɗan ma'auni a damtse ya tsaya kan ja, uwa na lallaɓa shi ya lashi kunun gyaɗar nan na leda. Bambancin kawai, wannan karon an gani a talabijin ɗin Ingila. Cikin 'yan kwanaki kuɗin da aka yi wata biyu ana roƙo suka fara kwararowa. A shekarar, MSF ta yi jinyar yara fiye da 60,000 a Nijar.

Hukuma ba ta ji daɗi ba. Shugaba Tandja Mamadou ya musanta cewa ana yunwa, kuma a Afrilun 2006 aka janye izinin wata tawagar BBC da ta dawo duba halin da ake ciki.

Ban raina aikin Andersson ba, ya ceci rayuka. Amma baƙo yana da jirgin da zai hau ya koma gida. Wakilanmu na Hausa, waɗanda ake saurara a fadojin shayi na Zango, sun daɗe suna faɗar labarin tun kafin kyamara ta zo, kuma idan ƙura ta tashi su ke nan. Moussa Kaka na RFI, da aka kama a Satumban 2007 kan tuntuɓar 'yan tawayen MNJ, sai da ya shekara a gidan kaso kafin a sake shi.